Tilas Ba Ta Rasa Ɗakin Kwana: Rayuwa a Gidan Yarin da Ya Cika Ya Batse

A shekarar 2016 wasu hotuna daga gidan yarin birnin Quezon na ƙasar Filifin suka karaɗe duniya. Maza ne kwance a filin ƙwallon kwando babu masaka tsinke, wasu a kan matakalar bene, kowane taki da mai shi, wasu kuma sun ɗaure tsofaffin barguna sun yi lilo suna barci a bisa kawunan 'yan'uwansu. Mutum 800 aka gina wa gidan, a lokacin kuwa akwai wajen 3,800 a ciki. Wanda ya kalli hoton a gurguje tausayi zai ji ya wuce. Wanda ya tsaya ya ƙare masa kallo zai ga wani abu kuma. Jikunan nan a jere suke, sahu-sahu, kan wannan a gefen ƙafar wancan, kowa ya san iyakarsa. Akwai wanda ya tsara wannan kwanciyar, kuma ba ganduroba ba ne.

Mutanen da ke tsare a gidajen yarin duniya yau sun haura miliyan 11, kuma kusan kashi ɗaya cikin uku ba a yanke musu hukunci ba, jiran shari'a suke yi. A ƙasashe fiye da 100 yawan fursunoni ya zarce gurbin da aka tanada. Kada a ɗauka ciwon matalautan ƙasashe ne kaɗai. Faransa ta shiga shekarar 2025 da fursunoni sama da 80,000 a gurabe 62,000 da 'yan kai, dubbai na kwana a katifa a ƙasa. A watan Satumba na 2024 Ingila ta fara sakin wasu fursunoni bayan sun yi kashi 40 cikin ɗari na wa'adinsu maimakon rabi, don gadaje sun ƙare. Sai dai cunkoso suna ya tara. Ɗakin mutum ɗaya da aka sa uku daban, ɗakin mutum 20 da aka zuba 150 daban, kuma na biyun ne ya fi buƙatar bayani.

A takarda komai a aune yake. Ƙungiyar Red Cross ta duniya ta ce mafi ƙarancin fili ga mutum ɗaya a ɗakin haɗaka shi ne murabba'in mita 3.4. Kotun Turai ta kare haƙƙin ɗan Adam ta yanke a 2016 cewa idan filin ya gaza murabba'in mita 3, to a ƙaddara an ci zarafin mutum, sai fa in gwamnati ta kawo hujjar da za ta wanke ta. Ƙa'idojin Mandela, waɗanda Majalisar Ɗinkin Duniya ta amince da su a Disambar 2015, sun ce kowane fursuna a ba shi gadonsa, da ruwan sha duk sa'ad da ya buƙata, da aƙalla awa ɗaya kullum a waje ya sha iska. Tabarmar da baligi zai miƙe a kai tana cin kusan murabba'in mita ɗaya da rabi. A mafi munin gidajen, irin na Haiti, rabon mutum bai kai rabin tabarmar ba.

Dukiya ta farko a irin wannan ɗaki ita ce wurin sa haƙarƙari, kuma a kanta ake fara siyasa. Ɗaki yana da unguwanni. Jikin taga ko bakin ƙofa, inda iska ke shigowa, na manya ne. Jikin bango na biye, domin mutum zai samu abin jingina kuma ba a tattake shi ta ɓangarori huɗu. Tsakiya ta talakawa ce, inda a wasu gidajen ake kwana a zaune, gwiwa a ƙirji, bayan wannan a tsakanin ƙafafun wancan. Can ƙarshe, kusa da bokitin bahaya, shi ne masaukin baƙo. Sabon shiga daga nan yake farawa, yana gusawa gaba duk lokacin da aka saki wani, ko aka mayar da shi wani gida, ko aka fitar da gawarsa. Inda ake kwana a gefe guda kamar an jera azara, juyi ma gayya ake yi masa: mutum ɗaya ba ya iya juyawa sai sahun duka ya juya, saboda haka akwai mai ba da umarni a tsakar dare. Inda filin bai isa ko wannan ba, sai a raba dare kashi-kashi, wasu na barci wasu na tsaye suna jiran karɓa. Wanda ya tashi fitsari ya san kafin ya dawo gurbinsa ya rufe, kamar yadda rijiya ke rufe inda aka ɗebi guga.

Jiki ne ke fara biyan bashin. Ƙazuwa da kwarkwata da kuɗin cizo ba a ma sa su a lissafin ciwo. Ƙafa tana kumbura saboda tsayuwa da zama wuri ɗaya. Babban dodon shi ne tarin fuka, wanda ba ya son komai kamar ɗaki mai duhu, marar iska, cike da mutanen da ba sa ƙoshi. Masu bincike sun ƙiyasta cewa kamuwa da shi a gidajen yari ta kusa ninka ta sauran jama'a sau goma. A Afirka ta Kudu wani mai suna Dudley Lee ya yi kusan shekara biyar yana jiran shari'a a gidan yarin Pollsmoor, ya kamu da tarin, daga baya kotu ta wanke shi daga tuhumar. Ya maka gwamnati ƙara, a 2012 Kotun Tsarin Mulki ta ce hukuma ce ke da alhakin ciwonsa. Irinsa da ke da ƙarfin zuwa kotu ba su taka kara sun karya ba.

To wa ke mulkin wannan ɗaki? Lissafin mai sauƙi ne. Ganduroba ɗaya, mutane ɗaruruwa. Da yamma ya ƙirga, ya kulle, ya tafi, sau da yawa tun kafin faɗuwar rana har sai gari ya waye sosai. Duk abin da zai faru a waɗannan awoyi, wani ya suma ne, ko an saci sabulu, ko biyu sun kaure a kan taku ɗaya na ƙasa, a ciki za a warware shi. Rashin uwa akan yi uwar ɗaki. Shi ya sa kusan duk inda cunkoso ya daɗe za ka tarar da gwamnatin fursunoni, kowace ƙasa da sunan da take kiranta. A Filifin shugabannin ɗakuna su ne mayores, da muƙarrabansu: mai horo, ma'aji, mai kula da shara da banɗaki. A Kwango da Ruwanda ana ce wa babbansu capita général. A Malawi nyapala ake kiransu. A Barazil faxina, wato masu shara da rabon abinci, su ne suka zama jagorori, domin mai yawo ɗaki-ɗaki da tukunya shi ke jin labarin kowa. A gidan yarin San Pedro da ke La Paz ta ƙasar Bolibiya kowane sashe zaɓen wakilansa yake yi, ɗakuna kuma saye da haya ake yi har da takardar mallaka, wasu fursunonin ma tare da matansu da 'ya'yansu suke zaune a ciki.

Aikin wannan gwamnati ba wasa ba ne. Ita ke raba wurin kwana, ta tsara layin wanka, ta sa ido a kan ludayin mai rabo kada ya karkata. Ita ke karɓar ɗan abin da ake tarawa a sayi magani ko ƙwan lantarki ko a gyara famfo. Tana da kotu da dokoki: ba a sata, ba a kallon matar wani ranar ziyara, ba a tashin mai barci a lokacin rabonsa. Raymund Narag, wanda ya yi kusan shekara bakwai a wancan gidan na Quezon kafin a wanke shi a 2002, kuma yanzu yake koyarwa a wata jami'a a Amurka, ya daɗe yana nuna cewa da wannan mulkin haɗin gwiwa tsakanin ma'aikata da fursunoni ne gidajen yarin ƙasarsa ke tsaye. Ka cire shi yau, gobe babu mai iya raba abinci.

Abin dariya, in har akwai dariya a nan, shi ne Ƙa'idojin Mandela sun haramta a ba fursuna ikon horar da ɗan'uwansa. Abin da suka yarda da shi kawai shi ne a bar fursunoni su tafiyar da harkokin karatu da wasanni da zamantakewa ƙarƙashin kulawar ma'aikata. Masu rubuta ƙa'idar sun san abin da suke gudu. Gwamnatin ɗaki ba ta da majalisar da za ta taka mata birki, kuma wanda ta zalunta zai kwana tare da ita a daren. Kuɗin da aka fara tarawa don magani yakan rikiɗe ya zama haraji. Wurin kwanan da ake samu da daɗewa yakan koma na wanda ya fi biya. Zaman kashin dankali ne, babba a kan ƙarami. Yaron da ba shi da kowa yakan wayi gari yana wanki da fifita ga mai hali, wani lokaci kuma abin da ake nema a wurinsa a madadin abinci da kariya ya wuce wanki. Wannan shi ne ɓangaren da waɗanda suka fito suka fi yin shiru a kai.

Idan hukuma ta janye hannu gaba ɗaya, abin yakan girma ya fi ƙarfin katanga. A ranar 2 ga Oktoban 1992 'yan sanda suka shiga gidan yarin Carandiru da ke São Paulo ta ƙasar Barazil suka kashe fursunoni 111. Shekara ba ta cika ba wasu fursunoni a Taubaté suka kafa ƙungiyar PCC da sunan kare kai daga zalunci. Ta hana fyaɗe a ɗakuna, ta hana kisa ba da izininta ba, kuma masu bincike da dama sun yarda cewa zubar da jini ya ragu a gidajen da ta mamaye. Yau tana cikin manyan ƙungiyoyin fataucin hodar ibilis na nahiyar Kudancin Amurka. A Benezuwela shugaban fursunoni, wanda ake kira pran, haraji yake karɓa duk mako. Lokacin da dakaru 11,000 suka shiga gidan yarin Tocorón a Satumbar 2023 sun tarar da wurin ninƙaya da gidan rawa da gidan namun daji. A can ne gawurtacciyar ƙungiyar masu laifi ta Tren de Aragua ta girma. Tsarin da ya hana a tattake mutum a cikin dare da tsarin da ya haifi waɗannan ƙungiyoyi uwarsu ɗaya.

Akwai kuma wasu masu ɗaukar nauyin gidan yari da ba sa fitowa a ƙididdiga, wato masu tsayuwa a layi a bakin ƙofa, galibinsu mata: uwa, mata, ƙanwa. Inda abincin hukuma sau ɗaya ne a rana, ko ba ya ciyuwa, kwanon da aka kawo daga gida shi ne rai. Da shi ake bambanta masu gata da marasa gata, fiye da girman laifi. Mai ziyara yana da abinci da sabulu da labarin waje, yana da abin musaya. Wanda aka kamo daga nesa, ko danginsa suka yafe shi, ko ba su ma san inda yake ba, shi ne na ƙasan tukunya. Amma a nan ne kuma ake ganin abin da ke sa mutum ya ƙi yanke ƙauna da ɗan Adam. Fursunoni kan haɗu huɗu ko biyar su ci tare, yau kwanon wannan gobe na wancan, kuma sau da yawa akwai ɗaya a cikinsu da ba a taɓa kawo masa komai ba. Shi zai hura wuta ya wanke kwano, a ce wannan ne zubinsa, don kada ya ji kamar bara yake yi. Wannan ƙaramar ƙaryar da ake yi don tsare mutuncin mutum, ni a wurina ta fi duk wani shirin gyaran hali da aka rubuta a ofis.

Sai lokaci. Wanda aka yanke wa hukunci ƙirgensa raguwa yake yi, kowace safiya ya rage ɗaya. Mai jiran shari'a ƙirgensa ƙaruwa yake yi, ba shi da ranar da zai sa a gaba. A Indiya kusan uku cikin huɗu na fursunoni masu jira ne, a Haiti sun fi haka. Ranar irin wannan mutum tana rataye ne a kan abu ɗaya, kiran sunayen masu zuwa kotu da safe. In an kira shi, wataƙila babu mota, ko alƙali bai zauna ba, ko fayil ya ɓata, ko mai shaida bai zo ba, a ɗage zuwa wata uku. Da yawa sukan zarce iyakar ɗaurin da za a yi musu da an same su da laifin. Wasu kan amsa laifin da ba su yi ba don kawai su samu rana.

Da me ake yaƙar wannan lokaci marar baki? Da duk abin da zai ba yini fasali. Ibada ce kan gaba a kusan kowane gidan yari, kuma ko marar addini zai gane dalili: tana yanka rana gida-gida, tana ba mutum sahu da suna da wanda zai tambaya in ba a gan shi ba. Sai karantarwa, malamin makaranta da aka kulle yakan wayi gari da ɗalibai. Sai ɗinki da aski da saƙa da gyaran takalmi. Sai tsabta, wadda na waje ba ya gane nauyinta. Mutum ya samu ruwa kofi biyu ya ƙi shanye duka, ya wanke fuska da riga, yana gaya wa kansa ne cewa har yanzu shi ne. A gidan yarin Luzira na Yuganda fursunoni suna da gasar ƙwallon ƙafa da hukumarta da alƙalan wasanta, ƙungiyoyin na ɗauke da sunayen manyan kulob na Turai. Mawaƙan gidan yarin Zomba na Malawi sun kai ga shiga takarar kyautar Grammy ta 2016. A Barazil tun 2012 aka fara rage wa fursuna kwana 4 a kan kowane littafi da ya karanta ya rubuta bayaninsa, har littafi 12 a shekara, kwana 48 ke nan. Susan Kigula, wadda aka yanke wa hukuncin kisa a Yuganda a 2002, ita ce sunanta ke kan ƙarar da ta sa Kotun Ƙolin ƙasar ta soke hukuncin kisa na dole a 2009. Ta fara karatun lauya na Jami'ar Landan daga cikin kurkuku, ta fito a 2016.

Jaridu na son irin waɗannan labarai, ni ma ina son su. Amma ina jin tsoron abin da suke yi wa mai karatu. Sukan bar shi da tunanin cewa mai haƙuri yakan dafa dutse, alhali a bayan kowace Kigula akwai dubban da dutsen ya danne. Akwai wanda ya daina magana, ya zauna fuskarsa a bango har aka manta sunansa. Akwai mai taɓin hankali da aka kawo don babu asibitin da zai karɓe shi, ɗaki ya rasa yadda zai yi da shi sai ɗauri. Juriya ba a raba ta daidai ba, kuma sau da yawa abin da muke kira ƙarfin zuciya kwanon gida ne da lafiyar ƙuruciya da sa'ar faɗawa ɗakin da shugabansa ke da tsoron Allah.

Sannan akwai iyakar da in an wuce ta babu dabarar da ke aiki. Bayan kisan kiyashin Ruwanda, gidan yarin Gitarama da aka gina wa mutum 400 ya ɗauki kusan 7,000 a 1995. Mutane a tsaye suke dare da rana a cikin ƙazanta har ƙafafu suka riƙa ruɓewa ana yankewa. Likitocin ƙungiyar agaji ta MSF sun ce ɗaya cikin takwas ya mutu a cikin wata tara. A Fabrairun 2012 gobara ta tashi a gidan yarin Comayagua na Honduras ta kashe mutum fiye da 360, kuma fiye da rabin mazauna gidan ba a yanke musu hukunci ba. Da yawa daga waɗanda suka tsira wani fursuna ne ya samo makullai ya buɗe musu. A daren 2 ga Satumban 2024, a gidan yarin Makala na Kinshasa, wanda aka gina wa mutum 1,500 ya tara fiye da 12,000, aƙalla mutum 129 suka mutu a yunƙurin tserewa. Hukuma da kanta ta ce 24 ne harsashi ya kashe, sauran turmutsutsu da rashin iska.

Abin da ya fi damuna a duk wannan shi ne juriyar fursunoni ta zama tallafin da suke ba gwamnati. Da ɗakin mutum 20 zai fashe ranar da aka sa na 21, da tuni an nemo mafita. Amma ba ya fashewa. Ana matsawa, a sake raba dare, shugaban ɗaki ya nemo wa baƙo gefen bokiti, uwa ta kawo abinci, da safe a ƙirga a ce lafiya lau. Kowace dabara da aka ƙirƙira a ciki tana sauke wa na waje wani nauyi. Alƙalin da ya sa hannu a takardar tsarewa bai taɓa ganin ɗakin ba, ɗan sandan da ya kamo bai damu da gurbi ba, shugaban gidan yari kuma ba shi da ikon cewa ya isa. Gina sababbin gidaje shi ne amsar da 'yan siyasa suka fi so don ana yanka kirtani a ɗauki hoto, sai dai in ba a taɓa ƙofar shigowa ba, sabon gida ma cika yake yi. Filifin ba ƙarancin gini ne ya cika ta a 2016 ba, yaƙi da miyagun ƙwayoyi na shugaban ƙasar na lokacin, Duterte, ne ya kwararo mutane a kan kotunan da dama can suke rarrafe.

Inda aka ga sauyi, ta ƙofar aka bi. A 2011 Kotun Ƙolin Amurka ta tilasta wa jihar California rage fursunoninta zuwa kashi 137.5 cikin ɗari na gurbin da aka gina, wato ko bayan gyaran ma cunkoson na nan, an dai sa masa linzami. Dokar gidajen gyaran hali ta Najeriya ta 2019 ta ba jami'in gida ikon ƙin karɓar sababbin fursunoni in wuri ya cika, ko da yake rubuta iko daban, samun mai ƙarfin halin mayar da motar 'yan sanda daban. Mafi arha kuma mafi ban sha'awa shi ne abin da aka fara a Malawi a shekarar 2000. Aka horar da mutanen da ba lauyoyi ba ne, sun dai san doka daidai gwargwado, aka ba su izinin shiga gidajen yari kullum. Suna bin fayil-fayil suna zaƙulo waɗanda wa'adin tsarewarsu ya ƙare, da waɗanda aka ba beli ba su sani ba, da yaran da aka haɗa da manya, su kai sunayen gaban alƙali, wani lokaci alƙalin ya zo ya zauna a harabar gidan yarin. Suna kuma tara masu jiran shari'a a fili su shirya wasan kwaikwayo: wannan fursuna ya zama alƙali, wancan mai gabatar da ƙara, na uku ya tsaya a matsayin kansa ya nemi beli. In ya daburce sai a tsayar da wasan, jama'a su gyara masa, ya sake daga farko, har bakinsa ya saba da kalmomin da zai faɗa ranar da aka kira sunansa.